Tekun da ke Haɗiye Laifi

Tun da aka fara ƙaga labarai da boko a ƙasar Hausa marubutanmu ke sha'awar ruwa mai abin al'ajabi. Gasar da Rupert East ya shirya a 1933 ita ta haifi Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, inda jarumin ya bar gida shekara da shekaru yana neman ruwan da zai warkar da ɗan sarki. Daga baya, musamman a littattafan yaƙi da jarumtaka, sai teku ya shigo: tekun da ke canza launi sau bakwai a yini, tekun da aljanu suka gina birni a ƙarƙashinsa, da kuma tekun da in an jefa mugun zobe ko kwalbar ifiritu a cikinsa, shi ke nan duniya ta huta. A kan wannan na ƙarshe nake so mu ɗan tsaya, 'yan'uwa marubuta, domin ina ganin ƙaryar da ke cikinsa ta wuce wadda aka yarje wa mai ƙaga labari.

Ba laifi ba ne Bakano, wanda bai taɓa ganin ruwan da ya fi na Tiga girma ba, ya ƙirƙiri teku. Aikinsa ke nan. Abin tambaya shi ne, wace doka ya ba tekun nasa? In dokar ita ce duk abin da aka watsa a ruwa ya tafi har abada, to bai ƙirƙiri komai ba, ya kwafo tunanin da aka daɗe ana aiki da shi a bayan gidansa ne.

Wanda duk ya san Sharaɗa da Challawa da Bompai ya san abin da nake nufi. Kakanninmu majema da bagaruwa suke jeme fata, amma kamfanonin zamani da sinadarin kuromiyam suke yi, kuma dole ruwan da aka gama aiki da shi ya nemi hanya. Na Sharaɗa ya bi rafin Salanta ya faɗa kogin Challawa. Na Bompai ya bi Getsi ya haɗu da Jakara, har madatsar Wasai ta ƙasar Minjibir. A zamanin da masaƙu ke aiki sosai, kafin yawancinsu su durƙushe, ruwan kwata kan fito yau ja, gobe shuɗi, jibi baƙi ƙirin, tamkar dai tekun nan na cikin littafi. Alhali yaron da ya karanta Ishmawi ma ya san hukuncin ruwan da ƙazanta ta jirkita launinsa ko ɗanɗanonsa ko warinsa.

To ina ruwan ya nufa? Nan ne abin yake. Kogin Challawa yana haɗuwa da kogin Kano su zama kogin Haɗeja, wanda ke ratsa fadamun Haɗeja da Nguru, abin da ya rage ya bi kogin Yobe zuwa Tafkin Chadi. Ko ɗigo ɗaya ba ya isa wani teku. Yana tsayawa ne a gonar mai noman rani da ke ban ruwan latas da kabeji a bakin Jakara, da komar masunci, da tukunyar matar da ba ta san ma sunan kamfanin ba. Da safe kuma kayan lambun su shigo kasuwa, mu saya mu ci.

Ba mu kaɗai ke da wannan tunani ba. A 1988 an jibge dubban gangunan guba daga Italiya a garin Koko na tsohuwar jihar Bendel. Su ma waɗancan sun sami nasu tekun tsafin ne, sai dai sunansa Afirka. Wannan abin kunya shi ya sa gwamnati ta kafa hukumar kare muhalli ta tarayya a shekarar.

Na san wani zai ce labari hutu ne, kuma leburan da ya yini yana jan ɗanyar fata bai sayi littafi don a tuna masa da warin wurin aiki ba. Gaskiya ne. Ba kuma cewa nake a rufe kamfanoni ba. Mun ga gidajen da tukunya ta daina hawa wuta da masaƙu suka rufe. Ba na neman marubuci ya mai da labarinsa wa'azi. Abin da nake nema bai wuce ya bar wa tekunsa tunani ba, ya zama ruwa mai riƙe amanar abin da aka ba shi, mai kuma mayar da ita. Labarin ma ya fi armashi a haka, don tekun da ke haɗiye komai ya kashe rigimar tun kafin ta kankama.

Magabata sun riga mu gane wannan. A Dare Dubu da Ɗaya, tulun da aka rufe ifiritu a ciki da hatimin Annabi Sulaimanu, aka jefa a teku, bai ɓace ba. Bayan ɗaruruwan shekaru ya fito a komar wani matalaucin masunci wanda bai ci ba bai sha ba, kuma shi ifiritun ya fara cewa zai kashe. Can gaba a labarin, masuncin ya tarar da wani tafki mai kifaye kala huɗu, fari da ja da shuɗi da rawaya. Da sarki ya bi diddigi, ashe kifayen nan mutanen birnin ne.