Me Ke Saura Idan Mai Rawa Ya Kwanta Dama?

Wasu na ganin rawa ba ta barin gado, tunda da kiɗa ya tsaya ta ƙare. Rayuwar 'yar rawar bale Agrippina Vaganova ta ƙaryata haka. An haife ta a Rasha a 1879, ta bar dandali a 1916, ta koma koyarwa, ta wallafa littafin ƙa'idojin rawar bale a 1934. Ta rasu a 1951, amma makarantar da ke ɗauke da sunanta na yaye ɗalibai har gobe. Wani zai ce takarda ba ta taka rawa. Haka ne, ai ƙafar almajiri ce ke rayar da ita. Dattijon da ke koya wa yara rawar gargajiya a Kakuri ma, ba za a binne takunsa tare da shi ba.