Wasa ne, ko ba wasa ba ne?

Mu Hausawa muna cewa "wasan kwaikwayo". Kalmar nan "wasa" tana da fuska biyu, kuma rayuwar Zalika Souley ta isa ta nuna mana su duka.

A nan Yamai aka haife ta a 1947. A 1966, tana budurwa, ta fito cikin fim ɗin Moustapha Alassane, Le Retour d'un aventurier, labarin saurayin da ya komo daga Amurka da kayan kaboyi ya rarraba ma abokansa. Daga nan ta yi aiki da Oumarou Ganda, har da Le Wazzou polygame, wanda ya ci babbar kyautar FESPACO a Wagadugu a 1972. A ciki ita ce matar da kishi ya kai ta ga kisa. Ta iya abin ƙwarai, har jama'a suka kasa raba Zalika da matar fim. Aka yi ta zaginta, aka ɗauke ta mutuniyar banza.

To, alhakin maganar da mutum ya ara ma wani bakinsa ya faɗa, a wuyan wa yake?

Harshenmu ya daɗe da ba da amsa. In na ce "wai" ko "in ji wane", na sauke nauyin maganar daga kaina. Tsohuwa mai gatana tana yin muryar Gizo, tana shirga ƙarya irin tasa, amma ba jikan da ke kiranta maƙaryaciya, don kowa ya san inda labari ya fara da inda ya ƙare. Matsalar silima ita ce ba a jin "wai" ɗin. Fuskar tata ce, muryar tata ce, hawayen ma nata ne. Sai mai kallo ya manta akwai wanda ya rubuta, akwai wanda ya ce a sake ɗauka.

Wani zai ce, ai ba dole aka yi mata ba, ita ta yarda. Gaskiya ne, mutum yana da alhakin aikin da ya zaɓa. Amma fa sai a duba mine ne aikin. Wazzou fim ne da ke tona asirin auren dole, kuma ba a nuna mugunta sai wani ya yarda ya sa rigarta. In fim ɗin ya cancanci kyauta, don mi namijin da ya shirya shi zai sha yabo, macen da ta fito ciki ta sha zagi?

A fim ɗin da Rahmatou Keïta ta yi a kanta, Al'lèèssi, na 2004, an gan ta da ɗiyanta a gidan da ba ruwa ba lantarki. Daga baya ta tafi ƙasar waje aikatau. Ta rasu a watan Yuli na 2021, Allah ya jiƙanta.

Ga fuskokin nan biyu: ranar biyan haƙƙi mun ce ai wasa ne, ba sana'a ba, ranar yanke hukunci kuma mun ce ba wasa ba ne, halinta ne. Ba a cin biyu. In wasa ne, mu daina zagi. In aiki ne, mu biya ladansa. Ƴan matan da ke fitowa a finafinan Kano da na Maraɗi yau suna jiran mu zaɓi ɗaya.