Guminsa Baƙo da Istigfarin Muridi

 

Duk ɗan ɗariƙa ya san sunan Salmanul Farisi, Allah Ya ƙara masa yarda, amma ba kowa ke tsayawa kan yadda ya iso ƙasar Larabawa ba. Ya baro gidan mahaifinsa a Farisa yana neman gaskiya, ya yi wa malaman Nasara hidima ɗaya bayan ɗaya, har na ƙarshensu ya kwatanta masa garin dabino inda Annabin ƙarshe zai yi hijira. Sai ya samu ayarin fataken ƙabilar Kalbu, ya ba su shanunsa da ƴan tumakinsa ladan su kai shi. Suka karɓi dukiyar, suka ɗauke shi, da aka kai Wadil Ƙura suka sayar da shi bawa. Shekaru ya yi yana hawan dabinon wani a Madina, har bauta ta hana shi halartar Badar da Uhudu.

Wanda ya taso a Kance ko Matamai ko ƙauyukan Tawa ba ya bukatar a yi masa sharhin wannan labari. Da an kammala girbi samari sun ɗaura jaka sun tafi biɗa, wasu kudu, wasu arewa ta Agadas da Arlit. A watan Oktoba na 2013 an tsinci gawawwaki 92 a hamada kusa da iyakar Aljeriya bayan motocinsu sun lalace, 52 daga cikinsu yara ne, 33 mata, akasarinsu mutanen yankin Kance. A Nuwamban 2017 duniya ta ga hoton bidiyo daga Libiya ana cinikin samari baƙar fata kamar a kasuwar dabbobi. Har yanzu ana kwaso ma'aikata daga wuraren gini a Aljeriya. Ƴan Nijar a kawo su cikin ayarin manyan motoci, ƴan sauran ƙasashe a sauke su cikin rairayi su tako kilomita 15 zuwa Asamaka. Da yawansu kan iso ba waya, ba kaya, kuɗin aikin watanni yana hannun maigidan da ba za su sake gani ba. Akwai yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 1990 kan haƙƙin baƙin ma'aikata da iyalansu, kuma Nijar da Aljeriya da Libiya duk sun amince da ita. Takarda dai tana nan.

Idan aka kawo wannan zance a majalisa bayan wazifa, kowa ransa ya ɓaci, ana ta Allah wadai, kuma da gaskiyarsu. Sai dai akwai tambayar da ba a cika yi ba: wa ya yi wankin farar rigar da aka zo wazifar da ita, an kuwa biya shi? Yamai da Maraɗi da Damagaram su ma garuruwan biɗa ne ga wasu. Akwai yarinyar ƙauye mai wanke-wanke da raino, da ɗan ga-ruwa, da maginin Benin ko Togo, da ɗan cin rani mai gadin ƙofa. Ƙarshen wata ya zo, a ce wa yarinya ta fasa kwano, an cire rabin kuɗinta. Magini ya gama shafe, a ce masa ya dawo gobe, goben ta ƙi zuwa har ya gaji ya bar gari. Mai wannan aiki ba lallai ba ne mugu a idon jama'a. Wani lokaci shi ne ke sayen tabarmin zawiya.

Haƙƙin baƙo yana da daɗin ci saboda dalili guda. Ɗan gari in an danne shi yana da kawu, yana da mai unguwa, yana da limamin da zai kai wa kuka, kuma mai danniyar yana jin kunyar haɗuwa da danginsa a wurin suna. Baƙo ba shi da ko ɗaya. Bai iya harshen gari sosai ba, yana tsoron ɗan sanda fiye da tsoron mai cutarsa. To a nan ne ake gane muraƙabar da muridi ke iƙirari, domin duk wani shaida ya kau, saura Wanda ba Ya kauwa. Ya tabbata a hadisi ƙudusi cewa wanda ya ɗauki ma'aikaci, ya sami cikakken aiki, ya hana lada, yana cikin mutum uku da Allah da kanSa zai zama abokin shari'arsu ranar ƙiyama.

Ɗan Tijjaniyya yana yin istigfari 100 a lazimin safe, 100 a na yamma, 30 a wazifa. Sau 230 ke nan a yini, alheri ne mai yawa. Amma malamai sun raba zunubi biyu. Wanda ke tsakanin bawa da Ubangijinsa, nadama da dainawa da ƙudurin rashin komawa sun isa. Wanda haƙƙin wani ya shiga ciki, sai an ƙara na huɗu, wato mayar da haƙƙi ko neman yafewar mai shi. Ko carbi ya tsinke don ja, jika goma na yarinyar nan suna nan a wuya. Hadisin matsiyacin gaskiya ma ya nuna irin kuɗin da ake biya da su a can: mutum ya zo da salla da azumi da zakka, a yi ta ɗiba ana ba waɗanda ya zalunta. Ashe mai hana lada yana iya tashin asuba shekara talatin yana tara hailala da Salatul Fatihi, ba ya sani ba, wa wani ɗan ga-ruwa yake tarawa.

Wani zai ce ai shi ya yarda da farashin, ba a tilasta masa ba. Gaskiya ne shari'a ta gina ijara kan yarda, kuma Risala ta koya wa ɗalibai cewa sai an ambaci lada an yanke wa'adi. Ma'aikaci ma akwai amana a kansa, ba ha'inci, ba gudu da kayan mutane. Amma a duba Annabi Musa, alaihis salam, ranar da ya isa Madyana. Gudun hijira ya yi daga Masar, ba guzuri, ba dangi, yana bukatar ko da loma. Dattijon da ya ɗauke shi yana iya samunsa a kan tuwon dare kawai. Maimakon haka ya fara kwantar masa da hankali, ya faɗi wa'adi a sarari, shekara takwas, ya bar cikon goma ga zaɓin Musa, ya kuma bayyana ba ya son tsananta masa. Yardar mai jin yunwa tana iya inganta ƙulla ciniki a gaban alƙali. Mai neman ihsani kuwa ya san abin da yunwar ta rage daga farashin.

Wani kuma zai ce ba shi da takardu. Wannan tsakaninsa ne da hukuma, kuma kowace ƙasa tana da ikon tsare iyakarta. Bulon da ya ɗora kuwa yana nan a bango, mai gida yana kwana a inuwarsa.

Ƙarshen labarin Salmanu yana ɗora wa jama'a wani nauyin. Ubangidansa ya yanka masa fansar dabino 300 da uƙiya 40. Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, bai ce masa ya yi haƙuri kawai ba. Ya umurci sahabbai su taimaki ɗan'uwansu, kowa ya kawo dashen da ya samu, shi kuma ya dasa da hannunsa mai albarka. Shehu Ahmadu Tijjani, Allah Ya ƙara masa yarda, shi ma da hijira ya shiga Fas a 1798, aka karɓe shi aka ba shi gida. Zawiya ta gaji wannan, ba ta korar baƙo. Sai dai baƙon da ke kwana a zaurenta, da rana sau da yawa a gonar wani ɗan'uwa yake ko a gininsa. Muƙaddamin da ke tambayar muridi ko ya rama lazimin da ya kuɓuce masa, yana da hurumin tambayarsa ko ya sallami leburorinsa.

Saura wanda ya tuna da haƙƙi bayan mai shi ya tafi. Cikin mutum ukun da dutse ya rufe a kogo, ɗaya ya yi tawassuli ne da ladan wani ma'aikaci da ya tafi ya bari. Ya juya shi har ya zama garke, da mai shi ya dawo bayan shekaru ya miƙa masa duka. Malamai sun ce a nemi mai haƙƙi, in ya rasu a ba magadansa, in an yanke ƙauna a yi sadaka da niyyarsa. Yanke ƙaunar ce ta yi wuya a yau. Wanda ya kawo yarinyar aiki ya san ƙauyensu, ƴan garinsu suna da wurin zama a tasha, kuma kuɗin da aka tura da hantsi daga Yamai sukan isa Kance kafin la'asar.