Furen Ƙanƙara a Tsakar Gidanmu

Shekarar da na kammala jami'a na dawo Talata Mafara da takardar digiri da wata 'yar leda wadda ba ta cika tafin hannu ba. A cikinta akwai irin wani fure da ake kira edelwais, tsarabar wani abokin karatu daga Turai. Sunan na Jamusanci ne, ma'anarsa fari mai daraja. Mahaifarsa tsaunukan Alps, inda yake fitowa a tsagin duwatsu, tsakanin mita 1,800 da 3,000 sama da teku. Jikinsa lulluɓe yake da farin gashi kamar audugar rimi, wanda ke kare shi daga sanyi da kaifin ranar kan tsauni. Mutanen Suwizalan da Ostiriya suna tinƙaho da shi, har an kafa dokokin hana tsinkarsa a daji. Ni kuwa na ƙudura sai na gan shi ya buɗe a tsakar gidanmu.

Irin ba ya tsirowa sosai sai ya yi makonni cikin sanyi, don haka na ajiye shi a firij, ranar da wuta ta ɗauke in sayo ƙanƙara. Da hunturu ya kankama na shuka shi a kasko, cikin yashi da tsakuwa, ya kuwa tsiro. Sai bazara ta shigo, zafi ya haura digiri 40. Na koma jiƙa buhu ina rataye shi a kan kaskon, ina yayyafa ruwan randa sau biyar a yini. Ba ni ke ɗebo ruwan ba. Ƙanwata ce, 'yar shekara goma sha biyu. Wata rana kakata ta dube ni, ta kira ni da sunan da take tsokanata da shi, ta ce, "Maigida, furen kai ke sonsa, amma wuyan wa ke ɗauke da tulun?" Kafin ruwan farko ya sauka tsiron ya bushe. Tambayarta ce ta saura.

Shin laifi ne mutum ya so abin da ƙasarsa ba ta haifa ba? Da farko na ɗauka darasin shi ne kowane tsuntsu ya yi kukan gidansu. Da na duba gonakinmu sai na ga wannan amsa ta yi araha. Masara da rogo da tumatir da gyaɗa duk daga nahiyar Amurka suka zo. Mangwaro daga Asiya yake. Bedin da muke sha wa inuwa, wanda wasu ke kira dogon yaro ko darbejiya, asalinsa yankin Indiya ne, yau kuma da wuya ka ratsa unguwa a Bakura ko Maradun ba ka gan shi ba. Da kakanninmu sun kori kowane baƙon iri, da tukunyarmu ta rame. Ashe baƙunci ba shi ne aibin edelwais ba. Bedi ya zo ya karɓi ruwanmu da ranarmu yadda ya same su. Edelwais kuwa sai an sauya masa gari, kuma wani ne zai biya kuɗin sauyin.

Mu mutanen wannan yanki mun san wannan lissafi da jininmu. A 1978 aka kammala madatsar Bakolori a kan Gulbin Sakkwato, mai ɗaukar ruwa kimanin kubik mita miliyan 450, domin noman rani na alkama da shinkafa da sauran amfani a dubban hektoci. Alkama ba sabuwa ba ce a ƙasar Hausa. An daɗe ana noma ta kaɗan-kaɗan da jigo a lokacin hunturu, gwargwadon abin da sanyinmu ya yarda. Sabon shirin ya fi wannan buri. Babban kaso na filayen an tsara shi ne a kan bututun feshi masu dogaro da injuna da lantarki, waɗanda daga baya suka tsaya. Ruwa ya cinye gonaki da garuruwa a bayan madatsar, ambaliyar da ke ciyar da fadamun ƙasa da ita ta ragu, shinkafa da kifi suka ja baya. Manoman da suka tare hanyoyi suna neman diyya, a watan Afrilun 1980 'yan sanda suka buɗe musu wuta. Gwamnati ta ambaci adadi kaɗan, mutanen yankin suka ce ɗaruruwa ne suka mutu.

Ba zan ce madatsar ba ta da amfani ba. Iyalai da yawa da shinkafarta suke ci da sutura, kuma wanda ya ƙi gwaji har abada ba zai ƙaru ba. Ba zan kuma daidaita kaskona da rayukan da aka rasa ba. Tazarar ta fi ƙarfin misali. Sai dai tushen ɗaya ne: mai mafarki daban, mai ɗaukar tulu daban, kuma ba a tambayi mai tulun ba. Masu zanen Bakolori sun auna ruwa da ƙasa, ba su auna yardar manomi ba. Ni ma na karanta komai game da saiwar furen da irin ƙasar da yake so, ban taɓa tambayar ƙanwata ko ta gaji ba.

Don haka na tsayar wa kaina ma'auni guda uku ga duk wani baƙon abu, iri ne ko ilimi ko tsari. Zai iya rayuwa da abin da wurin ke da shi? In ba zai iya ba, wa zai cike giɓin? Shi mai cikewar, ya sani kuma ya yarda? Wanda ya ɗauki nauyin sha'awarsa da kansa, ko da ya faɗi, ya yi gwaji mai mutunci. Wanda ya ɗora wa wani, ko da furen ya buɗe, akwai haƙƙi a ƙarƙashinsa.

Wannan ya shafe mu musamman, mu da muka dawo daga jami'a da ledojin iri iri-iri a ƙwaƙwalwa. Wasu bedi ne, wasu edelwais, kuma a cikin leda duk kama ɗaya suke yi. Ba a rarrabe su sai an tambayi ƙasa, an tambayi mutanenta.

Kaskon yana nan a gindin bango. Da damina ƙanwata ta zuba ƙasa a ciki ta shuka zogale, ba ta nemi shawarata ba. Da ya yi tsawo muka mayar da shi bayan ɗaki. Idan rani ya tsananta, ni ke ɗebo masa ruwa.