Amanar 'Yan Ta'adda: Nagarta Ce Ko Ƙangi?

Sau da yawa mukan yaba wa mai riƙon amana ba tare da mun tambayi wa ya riƙe wa ba. To, shin amanar da ɓarawo ya riƙe wa ɓarawo ita ma nagarta ce? Masu shirya finafinan Japan sun daɗe suna kokawa da wannan tambaya a labaran 'yan Yakuza, wato gungun masu caca da ƙwace, inda yaro kan ɗauki ubangidansa tamkar mahaifi, har ya yanke ɗan yatsa don neman gafararsa.

A shekarar 1927 Daisuke Ito ya fito da Chuji Tabi Nikki, fim marar magana a kan Kunisada Chuji, ɗan cacar da hukuma ta kashe a tsakiyar ƙarni na 19. A ƙarshen labarin jikin Chuji ya shanye, ba ya iya ba kowa komai, amma yaransa suka ɗauke shi bisa katako, 'yan doka na biye da su. Wane mai zuciya ne zai ce wannan ba alheri ba ne?

Amma a 1948 Akira Kurosawa ya nuna ɗaya fuskar cikin Yoidore Tenshi. Matsunaga, saurayi mai tarin fuka, ya ƙi jin gargaɗin likitansa saboda dogaro da zumuncin gungu. Daga bisani ya ji da kunnensa cewa ubangidan nasa ya shirya sadaukar da shi. Ya mutu cikin faɗan wuƙa, a banza.

Mu a ganinmu abu biyu ne ake kira da suna ɗaya. Akwai tsayawa da mutum ranar da ya gaza, wannan jinƙai ne ko a hannun wa aka same shi. Akwai kuma miƙa masa hankali ya juya yadda ya so, wannan bauta ce. Yaran Chuji sun ceci majinyaci, amma hannayen nan dai su ne suka riƙe takobi a kan jama'a, kuma na farkon bai wanke na biyun ba. Hausawa dai sun ce abokin ɓarawo ɓarawo ne.

Saboda haka, 'yan'uwa marubuta, idan muka ƙago ɗan daba mai alkawari, kada mu hana shi mutuntakarsa, kada kuma mu ɓoye wa mai karatu wanda ya biya kuɗin wannan alkawarin da jininsa.