Ɗan Gida Ya Saɓa wa Gida: Maci Amana Ne ko Mai Gyara?

Mai karatu, in kana cikin masu bin littattafan yaƙi da tsafi, na san ka saba haɗuwa da wani irin mutum a cikinsu. Wato wani almajirin bokaye da zai miƙe a gaban manyansa ya ce hanyar da suka gada akwai kuskure a ciki. Kafin ka ce kwabo ƙungiya ta dare gida biyu, wasu na kiransa maci amana, wasu na cewa shi ne haske. Mu masu karatu kuwa kullum bayansa muke bi, domin marubuci ya riga ya raɗa mana cewa shi ke da gaskiya. To amma a rayuwa ta zahiri, inda babu marubucin da zai raɗa maka, yaya za ka yi da irin wannan mutum?

Ba sai mun je birnin aljanu neman misali ba. Nan kusa da Tsafe akwai 'Yandoto, garin da ya yi suna wajen malamai da almajirai tun kafin jihadi, wanda har yau sunansa ke cikin sarautar Sarkin Tsafe. Da Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya yi hijira zuwa Gudu a 1804, sai kan malaman garin ya rabu. Wasu suka karɓi kiransa, wasu suka ƙi. Kamar yadda Muhammadu Bello ya kawo a cikin Infaƙul Maisuri, waɗanda suka ƙi ɗin sun kori magoya bayan Shehu daga garin, kuma da ya zo ya nemi a zauna a yi muƙabala, ba su yarda ba. Ƙarshenta da yaƙi aka ci garin.

Ka lura da wani abu a nan. A cikin 'Yandoto, mabiya Shehu su ne 'yan tsiraru masu saɓa wa manya. Amma da jihadi ya yi ƙarfi, malaman garin ne suka koma 'yan tsirarun. Ashe ke nan zama saniyar ware ba ya nuna mutum na da gaskiya, haka nan yawan jama'a ba ya nuna ta. Abin da ya tabbata shi ne, da ƙofar muhawara ta rufe, sai ta takobi ta buɗe.

Shi kansa Shehu ya bar mana wani misali dabam. Malaminsa, Malam Jibrilu ɗan Umar, yana da ra'ayi mai tsanani na kafirta masu aikata manyan zunubai. Shehu bai yarda da wannan ba, ya kuma rubuta hujjojinsa na ƙin yarda, amma bai daina yabon malamin nasa da girmama shi ba. Ka ga an saɓa, ba a ɓata ba.

Yanzu mu dawo gidanmu na adabi. A shekarun 1990, lokacin da littattafan soyayya irin su In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino suka cika kasuwa, sai Ibrahim Malumfashi ya laƙaba musu suna Adabin Kasuwar Kano, yana kwatanta su da na kasuwar Onitsha. A ganinsa yayi ne kawai, zai wuce. Marubuta da yawa suka ɗauki wannan a matsayin cin fuska, musamman da yake mai maganar ɗan gida ne a harkar adabin Hausa. Su Abdalla Uba Adamu suka fito suna kare littattafan, aka yi ta musayar alƙalami a jaridu da mujallu, ciki har da shafin adabi na New Nigerian Weekly da Ibrahim Sheme ke kula da shi.

Wa ya ci? Kowa ya ci rabi. Kasuwar littafin takarda ta ja baya, bidiyo ya janye marubuta da dama, ka ga nan hasashen Malumfashi ya kama ƙasa. Amma rubutun bai mutu ba, ya koma cikin waya, ga kuma gasar Hikayata ta BBC Hausa da aka fara a 2016 tana fito da sababbin marubuta mata. Sannan wannan takaddama ta taimaka wajen sa masana su ɗauki littattafan da muhimmanci, har aka riƙa nazarinsu a jami'o'i. Kwatanta wannan da abin da ya faru a Kano a 2007, inda aka tara littattafai aka cinna musu wuta a ƙarƙashin shirin A Daidaita Sahu. Mai suka ya bar wa marubuci damar mayar da martani. Wa zai mayar wa toka martani?

Kada ka ce ina nufin duk wanda ya tada ƙura jarumi ne. A'a. Akwai wanda neman suna ke damunsa, akwai wanda aka hana kujera a ƙungiya sai ya mayar da haushinsa aƙida. Mun sha ganin irinsu a ƙungiyoyin marubuta da na 'yan fim. Shi ya sa nake ganin tambayoyi uku sun ishe ka awo. Shin ya kawo hujjar da za a iya bincika, ko zagi kawai ya kawo? Shin yana yarda a zauna da shi a warware? Kuma ranar da ya samu mabiya, yana barin wani ya saɓa masa? Wannan ta ukun ita ce ke kada mutane da yawa.

Ita ma ƙungiya akwai nata haƙƙin. Gyara kayanka ai bai zama sauke mu raba ba. In ɗanku ya zo da magana mai ɗaci, ku ba shi tabarma ya zauna ya faɗa, ku amsa masa da hujja. In ƙarya ce, za ta faɗi da kanta a gaban jama'a. In kuwa gaskiya ce, kun tsira da ita tun ba a makara ba.

Don haka mai karatu, ran da wani ya miƙe a majalisarku ko ƙungiyarku ya faɗi abin da ya sosa maka rai, daure ka ji ƙarshen zancensa kafin ka nuna masa ƙofa. Allah ya ba mu ikon jin gaskiya ko daga bakin wa ta fito, amin.