Ciniki Ya Faɗa, Kaya Na Hannun Mai Kanti

A ƙa'idar ciniki da kowa ya sani, idan mai kaya ya ce ya sallama, mai saye ya ƙirga kuɗi ya miƙa, to magana ta ƙare. Wanda ya sayi keke yana iya ba ƙaninsa aro, yana iya sayar da shi in ya matsu, yana iya kyautar da shi, in kuma ta Allah ta kasance a kansa magada su raba. Babu mai komawa wurin mai kanti neman izini. Sai dai akwai wata kasuwa da miliyoyin mutane ke ciniki a cikinta kullum wadda wannan ƙa'ida ba ta aiki a can, ita ce kasuwar wasannin kwamfuta ta intanet.

Babban kanti a wannan kasuwa shi ne Steam, wanda kamfanin Valve na Amurka ya buɗe a 2003. Akwai GOG da kamfanin CD Projekt na ƙasar Foland ya buɗe a 2008, akwai kuma Epic Games Store da ya shigo a ƙarshen 2018. A kowannensu mutum yakan buɗe asusu da sunansa da kalmar sirrinsa, ya biya kuɗin wasa, wasan ya shiga asusun, ya sauke shi a kwamfutarsa. Komai lafiya lau, har ranar da ya so ya motsa wasan. Wanda ya sayi wasa a Steam ba zai iya ɗauke shi ya kai asusun abokinsa ba. Ba zai iya mayar da shi asusunsa na Epic ba, ko da wasan nan ne dai ake sayarwa a can. In yana da asusu biyu a Steam ɗin, ba za a haɗe masa su ba. Kyauta ma sai a lokacin saye ake yin ta, wasan da ya riga ya zauna a asusunka ya zauna ke nan.

Dalilin yana rubuce a cikin doguwar yarjejeniyar nan da kowa ke danna amincewa da ita ba tare da ya karanta ba. A ciki Valve ya bayyana cewa lasisi yake bayarwa, wato izinin amfani, kuma asusun na mutum ɗaya ne, ba a sayar da shi, ba a miƙa wa wani. A watan Mayun 2024 wani mai asusu ya tambayi ma'aikatan Steam ko zai iya barin wasanninsa a wasiyya, suka amsa masa cewa asusu ba ya canja hannu, ko da ta hanyar wasiyya ce. Ke nan mutumin da ya shekara ashirin yana tara wasanni da guminsa, ranar da ya rasu, a bisa takarda, tarin nan ya rasu tare da shi.

Tambayar da ke gabanmu ita ce, wane irin ciniki ne wannan, kuma wa ke da gaskiya idan mai saye ya nemi hanyar kewaye shi?

Hausa ba ta da ƙarancin sunayen ma'amala. Akwai saye, inda kaya ke zama naka har abada. Akwai haya, inda ka san ranar shiga da ranar fita da abin da za ka biya. Akwai aro, inda za ka mayar da ainihin abin da aka ba ka, akwai rance, inda za ka mayar da kwatankwacinsa. Akwai jingina, akwai ajiya. Kowanne da haƙƙinsa da iyakarsa, shi ya sa in rigima ta tashi abu na farko da dattawa ke tambaya shi ne da wane suna aka ƙulla maganar. Cinikin wasan kwamfuta ya ƙi shiga ko ɗaya daga cikin waɗannan. Kuɗin saye ake karɓa, lokaci guda, cif-cif, amma ba a ba ka ikon mai saye. In an ce haya ce, ina wa'adinta? Babu ranar da aka yanka. Malaman fiƙihun Malikiyya sun daɗe da tattauna irin wannan, inda suka ce sharaɗin da ya rushe manufar ciniki, kamar a sayar maka da abu bisa sharaɗin kada ka sayar kada ka kyautar, yana ɓata cinikin. Haya kuwa suka ce sai an san tsawonta. Ko mutum bai yi karatun fiƙihu ba, hankali kaɗai ya isa ya nuna masa cewa ma'amalar da ba ta da suna tsayayye mai ƙarfi ne ke cin ribar duhunta.

Wanda ke ganin wannan cacar baki ce kawai a kan kalmomi, sai ya dubi abin da ya faru da wasan tseren motoci mai suna The Crew, na kamfanin Ubisoft na Faransa. An fitar da shi a 2014, kuma ba ya aiki sai an haɗa shi da manyan kwamfutocin kamfanin ta intanet. A watan Disambar 2023 aka daina sayar da shi, a ƙarshen Maris 2024 aka kashe kwamfutocin da ya dogara da su, daga nan aka fara janye lasisin daga asusun mutanen da suka biya. Har wanda ya sayi faifai ya ajiye a ɗaki, faifan ya zama kwalliya. A kan wannan ne wani mai shirye-shirye a YouTube, Ross Scott, ya fara gangamin Stop Killing Games, wanda ya tara sa hannun mutane sama da miliyan ɗaya a Tarayyar Turai a 2025. Abin ma bai tsaya ga wasanni ba. A 2009 kamfanin Amazon ya shiga na'urorin karatu na Kindle ya goge wasu littattafan George Orwell da mutane suka riga suka biya, ya mayar musu da kuɗinsu. Ashe zanen aro ne, ba ya rufe katara, mai zanen kuma bai taɓa sanin na aro ya ɗaura ba.

To amma adalci ya sa a saurari ɗaya ɓangaren, domin hujjarsu ba ta banza ba ce. Keke yana tsufa. Littafin da ya bi hannu goma yakan yage, faifai yakan karce, saboda haka sabo yana da daraja a kan na hannu. Wasan da ke kan intanet ba ya tsufa, wanda aka yi shekara biyar ana bugawa daidai yake da wanda aka saya yau. In aka buɗe ƙofar sayar da na hannu ba iyaka, kwafi ɗaya zai iya zagaya mutum ɗari cikin shekara, kowa ya gama ya miƙa gaba, waɗanda suka yi wasan ba su ga ko sisi ba. Kuma ba duk masu yin wasa ne manyan kamfanoni ba. Akwai wasannin da mutum ɗaya ko biyu suka shafe shekaru suna haɗawa, kamar Stardew Valley da Eric Barone ya yi shi kaɗai ya fitar a 2016. Irin waɗannan, bayan Steam ya cire kasonsa na kashi 30 cikin ɗari, ragowar ita ce abincinsu. Haƙƙin ma'aikaci ba abin wasa ba ne, ko da wasa ya ƙera.

Kotunan Turai sun yi ta kai-komo tsakanin waɗannan hujjoji biyu. A 2012 Kotun Tarayyar Turai, a shari'ar UsedSoft da Oracle, ta yanke cewa wanda ya sayi manhaja da lasisi marar wa'adi yana iya sayar da ita, da sharaɗin ya daina amfani da tasa. A 2019 wata kotu a birnin Paris ta ba ƙungiyar kare masu saye ta UFC-Que Choisir gaskiya a kan Valve, ta ce masu wasanni na da ikon sayar da su. A 2022 kotun ɗaukaka ƙara ta soke wannan hukunci, bisa hujjar cewa wasa ya wuce manhaja zalla, akwai zane da kiɗa da labari a cikinsa, sannan a 2024 kotun ƙoli ta Faransa ta tabbatar da sokewar. A shari'ance dai, a can, mai kanti ya yi nasara. Sai dai abin da doka ta ƙyale daban, abin da ya kamata daban.

A ganina, bakin zaren yana cikin sharaɗin nan na hukuncin 2012. Akwai bambanci tsakanin ninka abu da kuma ɗauke shi daga wuri zuwa wuri. Idan na kwafi wasa na ba mutum goma alhali nawa na nan, na ƙirƙiri kaya goma da ba a biya ba, na ci haƙƙin wanda ya yi shi. Idan kuwa wasan ya fita daga asusuna ya shiga na ɗana, ni na rasa shi ya samu, to kwafi ɗaya aka biya, kwafi ɗaya ne kuma ke nan a duniya. Kamfani na da cikakken haƙƙin hana na farko. Hana na biyu baki ɗaya, har da kyauta, har da gado, ya wuce kare ma'aikaci, ya zama ɗaure mai saye a bakin kanti. Domin wanda ya tara wasa ɗari uku a kanti ɗaya ba ya iya tashi, komai aka yi masa. Tsoron kwafi ɗaya ya zagaya gari kuwa yana da magani, ana iya sa wa'adi tsakanin canjin hannu da canjin hannu, ana iya ware wa masu wasan wani kaso.

Kada kuma a ce na'ura ba za ta iya ba. Valve da kansa ya nuna tana iyawa. A 2024 ya kawo tsarin Steam Families, inda mutum shida ke haɗa wasanninsu wuri ɗaya. In kwafi ɗaya ne, mutum ɗaya ke buga shi a lokaci guda, sauran su jira ko su buga wani. An sa jiran shekara guda don kada mutane su riƙa yawo daga wannan iyali zuwa wancan, kuma in wanda ka ara wa ya yi maguɗi aka kore shi daga wasan, kai ma mai shi korar ta shafe ka. Wannan aro ne na gaskiya, har da ɗaukar nauyin wanda ka amince wa. GOG kuma, daga 2016 zuwa farkon 2023, ya gudanar da wani tsari mai suna GOG Connect da ke ba mutum damar samun wasu wasannin da ya saya a Steam cikin asusunsa na GOG ba tare da sake biya ba. A fagen fina-finai, tsarin Movies Anywhere da aka fara a Amurka a 2017 yana sa fim ɗin da ka saya a kanti ɗaya ya bayyana a sauran kantunan da ke cikin tsarin. Duk inda aka ga dama an buɗe ƙofa. Inda take rufe, ganin dama ce aka rufe ta.

Saura ɓangaren mai saye, domin shi ma ba a wanke shi tas ba. Da yawa sukan ce tunda kamfani bai yi mini adalci ba, duk abin da na yi masa halal ne. Daga nan sai sayen asusun wani a ɓoye, sai haɗa baƙi shida da ba su taɓa ganin juna ba a kira su iyali, sai ƙaryar ƙasar da mutum yake zaune don ya sami farashin da aka rage wa talakawan wata ƙasa. Wannan na ƙarshen ya fi muni, domin in abin ya yi yawa masu wasanni kan ɗaga farashin, sai hukuncin ya faɗa kan waɗanda aka yi rangwamen dominsu. Alkawari kaya ne, ko da an ɗauke shi da danna maɓalli. Rashin adalcin mai kanti bai mayar da ƙarya gaskiya ba. Amma kuma ba na jin akwai mai hankalin da zai kira uban da ya rubuta wa 'yarsa kalmar sirrinsa kafin ya rasu ɓarawo. Ya saɓa wa takarda, bai ƙwaci komai daga hannun kowa ba. Duk dokar da ta mayar da irin wannan uba mai laifi, ita ce ke bukatar gyara.

Gyaran kuwa daga suna yake farawa. A watan Satumbar 2024 gwamnan jihar Kalifoniya, Gavin Newsom, ya sa hannu kan dokar da ta hana kantunan intanet amfani da kalmar saye in lasisi suke bayarwa, sai sun bayyana wa mai biya a fili. Ba a daɗe ba Steam ya fara rubuta wa masu ciniki, kafin su biya, cewa abin da za su samu lasisi ne. Wannan bai ba kowa ikon kyauta ko gado ba, amma ya rage duhu. Wanda ya san izini yake biya wa kuɗi zai yi tayi irin na izini, zai iya cewa albarka ya wuce. Zai iya juyawa zuwa kanti irin GOG, inda ake ba mutum fayil ɗin girka wasa ya ajiye a rumbun kwamfutarsa, ya yi aiki ko babu intanet, ko da yake can ma lasisi ne a rubuce.

Abin bai tsaya kan 'yan wasa ba. Littattafai da waƙoƙi da fina-finai duk sun kama wannan hanya, kuma yaran da ke tasowa yanzu za su iya girma ba su taɓa mallakar abin da za su iya miƙa wa aboki su ce riƙe, na ba ka ba. Kyauta da aro da gado su ne hanyoyin da kaya ke ƙulla zumunci, ta nan ne littafin kaka ke isa hannun jika. Mai kanti na da haƙƙin ribarsa, mai ƙera wasa na da haƙƙin guminsa. Wanda ya biya shi ma yana da haƙƙi biyu da bai kamata a tauye masa ba: a gaya masa sunan cinikin da ya shiga tun kafin ya miƙa kuɗi, sannan a bar shi ya iya sallama wa wani kwafi ɗayan nan da ya biya.